Motar da Aka Sa wa Sunan Malam Hashimu

Kwanan baya wani saurayi ya same ni a inuwar da nake zama a bakin tashar Gaya, ya miƙo mini waya ya ce in duba motar da zai sayar. Na ce ina motar? Ya ce tana Kaduna. Ka gan ta da idonka? A'a, hotonta aka turo masa. Ta wa ce? Ta wani abokin abokinsa. To sunan wa ke jikin takardunta? Nan ya tsaya yana sosa ƙeya, can ya ce, "Baba Sani, ai wannan ba matsala ba ce, in an saya sai a gyara daga baya." Na mayar masa da wayarsa na ce Allah ya ba da kasuwa. Irinsa sun yi yawa yanzu, duk wanda ya iya ɗaukar hoto ya zama dillalin mota. Na fi shekara talatin a sana'ar nan tsakanin Gaya, Ajingi da Wudil, kuma abin nan da ya ce ba matsala ba ce, na ga ya hau kan gonar wani dattijo da bai taɓa riƙe sitiyari ba. Labarin nake so ku ji, amma sai kun fara sanin yadda aikin yake.

Motar farko da aka bar ni na taɓa wata tsohuwar bas ce mai jigilar Gaya zuwa Wudil, kuma ba tuƙa ta aka ce in yi ba, wanke ta aka ce. Ubangidana marigayi Alhaji Bawa, Allah ya jiƙansa, haka yake fara wa kowa. Na cinye damina da rani da bokiti da soso a hannu ina ƙunƙuni, don a ganina dillanci surutu ne kawai, kuma ni surutu bai taɓa gagara ta ba. Sai daga baya na gane abin da yake nufi. Hannun da ya wanke mota shi ke jin inda fenti ya yi kauri, da inda ƙofa ba ta zauna daidai ba, da inda aka yi walda aka shafe. Ranar da na ce masa, "Alhaji, bas ɗin nan ta taɓa faɗuwa ta ɓangaren hagu," washegari ya ce in ajiye bokiti in biyo shi.

Kayan aikinmu ba su cika aljihu biyu ba. Akwai ɗan maganaɗisu da ake naɗewa a tsumma a bi jikin mota da shi: inda ya kama, ƙarfe ne, inda ya saki, an cike rami ne an fesa fenti. Akwai doguwar sukundireba, ka ɗora bakinta a kan inji ka kafa kunne a ƙotar, ka ji abin da mai motar ba zai taɓa gaya maka ba. Akwai farin ƙyalle na tara wa salansa don a ga launin hayaƙi, da tocila ta leƙa lambar inji da wadda ke jikin ƙashin motar. Alhaji Bawa yakan murza baƙin mai tsakanin yatsunsa ya shinshina. Kuma ba ya duba mota sai da sassafe kafin a tashe ta, ya ce injin da ya yi zafi yana ɓoye ciwonsa.

Masu sayenmu yawancinsu kaka ce ke kawo su. Manomi ya sayar da riɗi ko wake ya ji aljihu ya yi nauyi, ko ma'aikacin ƙaramar hukuma ya karɓi kuɗin sallama yana neman abin da zai riƙe gida. Kowa da irin tasa wautar. Manomi zai harbi taya da ƙafa ya danna ham, in ta yi ƙara ya ce mota ce. Ma'aikaci kuwa kujera yake shafawa ya kunna rediyo. Da an ce "na sallama" an shafa fatiha, mai saye ba abin da yake so sai ya shiga garinsu da ita kafin la'asar a gan shi. A nan ne Alhaji Bawa yake cusa makulli a aljihu ya ce ba inda za ta sai an je ofishin lasin an canza suna. An sha zaginsa a kan haka. Yakan ce, "Ku zage ni yau. Ranar da mota ta yi ɓarna ba a tambayar wa ya biya kuɗinta, sunan wa ke takarda ake tambaya." Har ya rasu bai karɓi la'ada a kan motar da ba a canza wa suna ba, ni ma haka na taso.

Cinikin a-kori-kurar da zan ba ku labarinta bayan rasuwarsa aka yi shi, lokacin ina cin gashin kaina. Mutanen wani ɗan ƙauye ne a gabas da Gafasa, ba zan faɗi sunansa ba don har yanzu muna gaisawa. Ba su da mota ko ɗaya. Hatsinsu a amalanke suke fito da shi bakin titi, 'yan kasuwa su taya musu yadda suka ga dama, mace mai naƙuda ma a amalanken ake ɗauko ta. Da suka samu damina mai albarka sai suka yi karo-karo: wannan buhun gero, wancan buhun wake, wata tsohuwa ta ba da tunkiya. Mai kaso mafi girma shi ne Alhaji Lurwanu, wani mai sayen hatsi, mutum mai ƙiba da yawan dariya. Suka zo mini a ƙungiyance. Na sha yawo kafin na samo musu wata a Wudil, kuma tsakani da Allah mota ce mai lafiya, na shiga ƙarƙashinta da kaina.

A ƙofar ofishin lasin na tambaye su, "To, sunan wa za a sa?"

Wani dattijo a cikinsu ya ce, "Ai mun gama wannan tun a gida. Sunan Malam Hashimu."

Na waiwaya ina neman Malam Hashimu, sai aka nuna mini wani dogon siririn dattijo da ke tsugune a gindin bango yana jan carbi. Ya haura sittin, kunnensa ɗaya ya yi nauyi. Na ce buhu nawa ya zuba? Suka ce ko kwano ɗaya bai zuba ba, jinyar matarsa ta cinye abin da ya noma a shekarar. Da suka ga na yi sororo sai suka yi mini bayani. Al'adar ƙauyen ce tun iyaye: duk abin da aka haɗa hannu aka saya, injin niƙa ne ko shanun huɗa, ba a damƙa shi a hannun mai kaso a ciki. Wanda ba shi da komai a ciki ake nema, don kada wata rana zuciya ta raya masa cewa nasa ne. In an sa sunan Alhaji Lurwanu, gobe 'ya'yansa za su ce motar ubansu ce. Malam Hashimu kuwa a rumbunsa ake ajiyar hatsin marayu, shi ke raba gardamar iyakar gona, ba a taɓa jin ya ci ƙwayar wani ba. Abin da ya mallaka a duniya gona ɗaya ce a fadama, gadon mahaifinsa. Da damina ya yi shinkafa, da rani ya yi albasa da tumatir, da ita yake ci da gida cike da 'ya'ya mata da jikoki, har da na ɗansa da ya rasu.

Na tsuguna kusa da kunnensa mai ji na ce, "Malam, ka san abin da sunan nan yake ɗauka? In motar nan ta taka wani, kai za a nema." Na juya ga sauran na ce su yi rajistar ƙungiya, a sa sunan ƙungiyar, a rubuta kowa da kasonsa.

Alhaji Lurwanu ya yi dariya har tumbinsa na rawa. "Haba Malam Sani, mu da muke sahu ɗaya a masallaci? Takarda ai ta nuna wa 'yan sanda ce a hanya. Rajistar nan sai mun yi ta zarya Kano, kasuwar kaka ta wuce mu."

Malam Hashimu ya ɗago ya ce, "Sani, in jama'a sun ga na isa, ni wane ne in ƙi? Suna ne kawai, ai ba ya cin tuwo."

Ya karɓi biro ya rubuta sunansa da ajami, a hankali, kamar mai rubutun allo. Inshora kuwa a hannun wani mai tebur a gindin bishiya suka yanke ta, mai araha. Na ce musu irin wannan ba ta biyan kowa komai. Suka ce bambancin kuɗin ya isa a cika tanki, kuma ni dillali ne, in karɓi la'adata in bar musu sauran.

Motar ta yi musu aiki, ba zan ɓoye ba. Shekaru tana zirga-zirga ranakun kasuwa, Kademi, Gaya, Ajingi, ta tafi da hatsi ta dawo da taki da gishiri da fasinja a saman kaya. Ɗan ƙanin Alhaji Lurwanu ne direba. Duk ƙarshen wata ya kawo abin da aka samu zauren Malam Hashimu, a cire na mai da na gyara, Malam ya raba wa kowa daidai kasonsa, shi ya tashi hannu wayam. Ko albasarsa aka ɗauko sai ya biya kuɗin mota kamar kowa. Duk da haka a tasha "motar Malam" ake ce mata. Sau da yawa nakan gan shi a baya a kan buhuna ya riƙe hula, ya bar wa mata gidan gaba.

Shekarar da abin ya faru dama shekara ce mai nauyi a sana'armu. Mai ya yi tsada, kayan gyara sun yi tsada, nakan yi wata ban sayar da ko babur ba. Kowa yana jan taya har sai zare ya fito. Direban ya ce tayar gaba ta ƙare. Malam Hashimu ya kawo maganar wajen rabo ya ce a haƙura da kason wannan wata a sayi sabuwa. Masu kaso suka ce gidajensu ba hatsi, a lallaɓa zuwa kaka. Ba ta kai kaka ba. Wata safiya ta taso daga Kademi da lodi, tayar ta fashe, motar ta ƙwace ta haura hannun da ba nata ba, ta yi ciki da wani mai babur. Sunansa Ɗayyabu, tela ne mutumin Balan, ya ɗauko ɗinkin mutane zai kai. Kafin a isa asibiti rai ya yi halinsa. Ya bar mace ɗaya da yara ƙanana, babbansu bai isa riƙe fartanya ba. Direban ya karye a cinya, motar ta kife a rami.

Ni na raka su ta'aziyya saboda ina da sanayya a Balan. Kun san yadda muke yi a nan. Mai mota ya ɗauki dattawa da buhun hatsi ya je ya durƙusa, dangin mamaci su ce Allah ne ya kawo, kwana ne ya ƙare, mun yafe. Haka na gani tun ina yaro, kuma da wannan masu kason suka dogara. Muka zauna a kan tabarmi a ƙofar gida, aka yi addu'a. Yayan marigayin ya share hawaye ya ce su ba za su ci kuɗin jinin ɗan'uwansu ba, sun yafe duniya da lahira. Na ji Alhaji Lurwanu ya sauke ajiyar zuciya a bayana.

Sai wani mutum mai farin tabarau ya yi gyaran murya daga gefe. Malam Auwalu ne, malamin firamare, wan matar marigayin, wato kawun yaran. Ya ce, "Ku gafarce ni, dattawa. Liman, ina da tambaya. Manya sun yafe nasu, Allah ya saka musu. To rabon yaran nan fa? Akwai wanda yake da ikon yafe shi?"

Liman ya sunkuyar da kai ya ce babba yana iya yafe haƙƙinsa, amma haƙƙin maraya ba wanda ya isa ya yafe masa. Malam Hashimu bai ji sosai ba, ya matso da kunnensa na maimaita masa. Sai ya ɗaga murya yadda masu nauyin kunne suke yi, kowa ya ji, ya ce, "Gaskiya ya faɗa. Haƙƙin maraya ba ya faɗuwa."

A hanyar komawa Alhaji Lurwanu kamar zai cinye shi ɗanye. "Malam, kai wa ya tambaye ka? Ana ƙoƙarin kashe wuta kana zuba mata mai!" Malam ya ce ai ba shi ya kafa hukuncin ba, kuma in kowa ya kawo gwargwadon kasonsa, nauyin ba zai karya kowa ba. Sauran duk suka kawar da kai. Tun daga nan na san ba za su tsaya tare da shi ba.

An kira taron sulhu a ƙofar gidan mai unguwa ya fi a ƙirga. Na farko an cika, na biyu rabi, daga nan kowa sai ya ce ciyawa ta ci masa gona. A wanda na halarta ne Alhaji Lurwanu ya miƙe ya ce shi fa a saninsa rance ya ba Malam Hashimu ya sayi mota, abin da yake karɓa duk wata biyan bashi ne. Ya faɗa ido a bushe. Na ce, "Alhaji, ka ji tsoron Allah, a gabana aka yi cinikin nan!" Ya ce in nuna masa inda aka rubuta. Sauran suka yi ƙasa da kai suna zane a ƙasa da tsinke. Ba duka mugaye ba ne, tsoro ne ya kama su, don sun ji adadin diyyar rai a bakin mutane, kowa ya hango rumbunsa da gonarsa. Waɗanda suka tsaya tare da shi 'yan kaɗan ne, kuma su ne masu ƙaramin kaso. Tsohuwar nan mai tunkiya har gida ta kai masa akuyarta guda.

Da sulhu ya ƙi, Malam Auwalu ya kai ƙara kotu. Ban ga laifinsa ba a lokacin, yau ma ban gani ba, yara ne a gabansa suna neman abinci. Lauyansa ya bi abin daki-daki. Direba ba shi da komai sai karyayyar ƙafa. Takardar inshora da aka bincika, ba a samu kamfanin da ya san da zamanta ba. Saura mai mota. Ku da kuke son sana'ar nan ku riƙe wannan da kyau: in direba yana kan aikin mai mota ya yi ɓarna, doka tana bin mai motar, ko yana gida yana barci lokacin da abin ya faru. Sammaci ya tafi ƙauye da suna ɗaya a jikinsa.

Na nemo masa wani lauya ɗan Gaya, yaron kirki, ya karɓi aikin kusan kyauta. Muka zauna mu uku a ofishinsa. Ya ce akwai mafita: a nemi kotu ta shigo da masu kason cikin shari'ar, ni in ba da shaida, wanda ya musa a ba shi rantsuwa. Na ce alhamdu lillahi. Malam Hashimu ya ce, "Rantsuwa da Alƙur'ani?"

Lauya ya ce, "Eh, Baba."

Ya girgiza kai. "Na san Lurwanu tun yana tsumma. Yadda tsoro ya kama shi ɗin nan, in aka ce ya dafa, zai dafa. In ya dafa, wasu za su bi shi. Motar nan ta riga ta kashe mutum ɗaya, ba za a hallaka wasu ta hannuna ba."

Na fusata, na manta da girmansa. Na ce, "Malam, gonarka fa! Jikokinka fa? Su ma ai marayu ne! Kana jin tausayin wanda bai ji naka ba?" Ya bari na gama ya ce, "Sani, ka yi haƙuri. Ni na rubuta sunana, ba wanda ya riƙe mini hannu." Lauya ya yi, na yi, 'ya'yansa mata suka yi ta kuka a gabansa, bai motsa ba. A sana'ata na ga masu taurin kai iri-iri, amma ban taɓa jin haushin mutum da ƙaunarsa sun haɗe mini lokaci ɗaya kamar ranar ba.

Alƙali bai tsananta ba. Ya yi ta ɗaga zama yana cewa a je a daidaita. Aka cire rabon manya da suka yafe, Malam Auwalu kuma ya sauko iyakar inda liman ya ce yana da ikon saukowa don maslahar yaran. Duk da haka abin da ya rage ya fi ƙarfin duk abin da ke gidan Malam Hashimu. Aka sayar da awaki, aka sayar da injin ban-ruwa, ba su kai ko'ina ba. Ƙarshe aka sa gonar fadama a kasuwa, wani mai noman rani daga Gaya ya saya. Ranar da aka damƙa wa Malam Auwalu haƙƙin yaran a gaban shaidu, sai ya cire tabarau ya fashe da kuka, ya ce, "Baba, wallahi da 'ya'yana ne da na bar maka." Malam ya dafa kafaɗarsa ya ce, "Da ka bari da ka ci amana. Ka kula da su."

Aikin ƙarshe da na yi a kan motar nan shi ne sayar da gawarta. Tana ajiye a harabar 'yan sanda har aka gama shari'a, ciyawa ta fito ta cikin tagoginta, sai bayan an sayar da gonar aka sake ta ga mai suna a takarda. Na je da tocila da sukundireba na duba. Jiki ya tashi aiki, amma inji da giya lafiyarsu ƙalau. Ban yarda na ba 'yan gwangwan ita a dunƙule ba. Na sa makanike ya sauke injin na kai wa wani mai bas a Wudil, giya da ƙafafun baya na sayar daban, ragowar ƙarfen aka ɗora a sikeli. Abin da ya taru ya fi yadda na zata. Ban cire la'ada ba. Kafin in kai masa sai na biya wajen wanda ya sayi gonar, na roƙe shi, har ya yarda zai mayar da ɓangaren da ke kusa da rijiya in an ba shi wannan kuɗin. Ba gonar duka ba ce, amma za ta fitar da albasar da za ta riƙe gida.

Na hau babur na tafi ƙauyen da murnata, farkon damina, ƙasa ta jiƙu. Na same shi a zaure yana gyaran ƙotar fartanya, don a lokacin ya fara zuwa ƙwadago gonakin mutane, da shekarunsa. Na zube masa kuɗin na gaya masa yadda muka yi da mai gonar. Ya saurara har na gama, ya sa mini albarka. Sannan ya jawo tabarma ya fara kasa kuɗin kashi-kashi, yana ambaton sunayen masu kaso da ka, kamar yadda yake yi duk ƙarshen wata.

Na ce, "Malam, me kake yi haka?"

Ya ce, "Kuɗin motarsu ne."

"Motarsu? Su da bakinsu suka ce taka ce! Kotu ma ta ce taka ce! Ka biya da gonarka, wallahi ko a gaban wane malami halalinka ne!"

Ya ce, "Kotu takarda ta gani. Ni kuwa na san ko kwano ɗaya ban zuba ba. In na sayi ƙasa da shi, me zan shuka a cikinta in ba jikokina su ci? Tashi ka kai ni, ƙafata ba ta son tafiya."

Na goya shi a babur muka bi gari gida-gida. Ina ta fata a raina wani zai ji kunya ya ce a'a Malam, riƙe, ka fi mu buƙata. Tsohuwar nan ce kaɗai ta ƙi karɓa, ta rufe fuska da mayafi tana kuka, ya ajiye mata a bakin ƙofa. Wasu suka karɓa suna kallon gefe. Wani ma har ya ce Allah ya saka da alheri. A gidan Alhaji Lurwanu muka yi sallama har sau uku, aka ce ba ya nan, ga takalmansa a ƙofar ɗakin zaure. Malam ya ce ba komai, ajiyarsa ce ya kawo. Sai hannu ya fito ta bayan asabari, mai zobe, ya karɓa ya koma.

Da muka gama ya kakkaɓe aljihunsa ya hau bayana. Hanyar gidansa mafi kusa ta bakin fadama take bi, na karya kan babur zan shiga. Sai na ji ya dafa mini kafaɗa.

Ya ce, "Sani, zagaya da ni ta bayan gari. Na ji an ce yau suke shuka a gonar."